Daddawar Teku

Ni ban yi karatun zamani ba, na allo ma iyakata abin da zan yi salla da shi. Maƙwabciyata ce ke rubuta wannan, 'yar Katsina, matar wani ɗalibi da ke karatu a jami'ar nan ta Madina. Na ce mata ta rubuta yadda na faɗa, in na yi kuka ta ajiye alƙalami ta jira ni, don tun da mijina Malam ya rasu hawayena ba sa sallama kafin su zo. Ina cikin takaba, ba na fita. Sai dai in zauna bakin taga a wannan bene na unguwar Ranuna, in ji motoci suna wucewa zuwa Ƙuba, ina ta juya abu ɗaya a raina, wata miya da mijina ya roƙe ni, ban kai ta bakinsa ba.

Akwai wasu 'yan halittu na teku, ƙanana, ba su kai ɗan yatsan jariri ba, da gashin baki zara-zara da idanu kamar an ɗiga tawada. Larabawan nan rubiyan suke ce musu, babba da ƙarami duk sunan ke nan. A Sudan inda aka haife ni, mutanen bakin teku jambari suke cewa. Mai rubuta min ta ce su a makaranta jatan lande aka koya musu, ko da yake ba ta taɓa ganin mai rai ba. Duk waɗannan sunayen dabbar ne. Mu a gidanmu akwai wani suna da ba na dabbar ba ne, na abin da take zama ne bayan ta sha gishiri, ta sha rana, ta sha turmi, ta yi zaman tukunya. Daddawar teku muke ce mata. Babban rubiyan ba ya yin daddawar teku, ɗanye ba ya yi, wanda ya kwana a ƙanƙara ba ya yi. Na san wadda ta raɗa sunan, ina tsaye a gabanta ta raɗa shi, kuma yau in na faɗe shi a gidan nan sai jikokina su dubi juna.

An kawo ni Madina ina amarya, a Harra ta Gabas, lokacin da unguwar duk baƙin dutse ce da ɗakunan laka da na kwano. Dutsen nan in rana ta take ba ya takuwa, sai ka ga awaki suna ɗage ƙafa. Amma da asuba babu inda ya kai ta daɗi. Kiran salla yana tasowa daga Harami ya iso mu sarai, babu ƙarar mota da za ta tare shi. Kafin gari ya waye turame sun fara, na gidan mutanen Damagaram mai nauyin sauka, na gidan 'yan Cadi mai sauri kamar ana korarsu, namu a tsakiya. Ko ban leƙa ba na san wadda ke daka da wadda ta makara. Mai ruwa yana wucewa da garwa biyu a kafaɗa yana kira, mata suna miƙa wa juna wuta a kasko ta kan katanga, wata da Hausar Kano, wata da ta Sudan mai Larabci a ciki, ana yi wa juna dariyar baki. Aikina shi ne tace ruwa a randa, da surfe, da wanki, da soya gyaɗar da ake kai wa bakin hanya. Ban san hutu ba, amma ban san shiru ba. Yanzu ina da injin wanki da injin niƙa da na sanyaya ɗaki, kowanne da kukansa, amma sai in wuni ban ji muryar mutum ta kira ni daga waje ba. Ƙofar kowa a rufe take. Wadda ke ƙasanmu mun shekara da shekaru, ban san sunan ubanta ba.

Uwar mijina, Inna, da ita muke zaune. Ita da ƙafa ta taso daga ƙasar Kano, ta yi shekaru a hanya, a hanya ta haifi Malam, a hanya ta binne mijinta. Doguwa ce, baƙa, mai kaifin harshe. 'Yar Sudan take ce min, ko da yake iyayena Hausawa ne kamarta. In na kai mata tuwo sai ta tsoma yatsa a miyar ta ɗanɗana ta ce, “'Yar Sudan, wannan miya ce ko ruwan wankin kuka?” In na daka abu na bar turmi ba wanki sai ta ce, “Ya yi miki aiki kin bar shi da yunwa da datti, ke kam Allah ya sawwaƙe wa mijinki.” Ina shiga ɗaki in yi kuka, in fito in tarar ta ajiye min ƙanzon tuwo da man shanu. Haka take.

Abin da Inna ba ta wasa da shi shi ne daddawa. A garin nan babu ɗorawa, babu mai yin ta. Sai lokacin aikin Hajji alhazan gida su zo da ita a ƙulle cikin tsumma, da kuka da kuɓewa busasshiya, mu yi ta bin masaukansu muna gaisuwa muna nema. Inna tana adana tata a wani gwangwani ƙarƙashin gadonta, ita ke gutsuro min da hannunta, ba ta yarda in taɓa. Wata shekara waɗanda suka saba kawo mana ba su zo ba, ɗan abin da muka samu bai kai ko'ina ba ya ƙare. A wannan tsakanin zazzaɓi ya kama ta. Zazzaɓin ya sauka, amma bakinta ya rufe. Na yi tuwo, na yi kunu, na yi fate, ta kau da kai. Maƙwabta suka yi ta aiko da shinkafa da nama, ta ce a ba yara. Malam a lokacin direban babbar mota ne tsakanin Yanbu ta bakin teku da Madina, yakan tsaya a Badar ya sayo mata dabino sabon tsinka, ya durƙusa gabanta da shi.

“Inna, ko guda ɗaya. Don Allah.”

“Ɗan nan, ni ba gardama nake yi ba. Bakina ne ya koma gida ya bar ni nan.”

Ta rame har awarwaronta yana zamewa zuwa gwiwar hannu. Tsofaffin unguwa suka fara zuwa suna zama shiru a gefenta, irin zaman da kowa ya san ma'anarsa. Ni kuwa ina yarinya, tsoro ya cika ni, don na ga matar da ta ratsa duniya da ƙafa za ta mutu a hannuna saboda miyata ba ta kai ba.

Wata rana da hantsi na shimfiɗa mata tabarma a inuwar katanga ina yi mata fifita. Bayan katangar wasu mutanen Jawa ne, 'yan tsibiran gabas mai nisa, suka tare ba da daɗewa ba, ba ma jin maganarsu, ba sa jin tamu. Sai wani wari ya tsallako, mai ƙarfi, irin wanda ke sa baƙo ya toshe hanci. Inna da ta yi kwanaki ba ta ɗaga kai da kanta ba, sai ga ta ta dogara da gwiwar hannu tana shaƙa.

“Wa ke da daddawa a garin nan ya ɓoye min?”

“Inna, gidan Jawa ne.”

“To me kike jira? Ko sai na rarrafa da kaina?”

Na yafa mayafi na zaga. Matar gidan 'yar gajera ce mai fara'a, na tarar tana gasa wani abu baƙi-baƙi a kan gawayi. Na nuna shi, na nuna hancina, na nuna katangarmu, na kwantar da kaina a tafin hannu don ta gane akwai mara lafiya. Ta gane. Ta gutsuro min rabi, sannan ta jawo wani buhu ta ɗebo min abin da ake yin sa da shi, ta zuba min a hannu. Da na ga idanu da gashin baki sai da na kusa watsar da su. Ta yi ta dariya har tana riƙe ciki.

Na kaɗa miyar kuka da abin nan, na tuƙa tuwo mai laushi. Inna ba ta cin abin da ba ta san asalinsa ba, ko tana bakin mutuwa. Ta ce in nuna mata. Na buɗe hannuna. Ta daɗe tana kallonsu, ta ɗauki ɗaya ta juya shi.

“Ƙwari za ki ba ni, 'Yar Sudan? Abin da ya rage ke nan?”

Malam yana gida ranar, ya ce, “Inna, daga teku suke. Malamai sun ce abin teku halal ne. A Yanbu buhu-buhu ake sayar da su.”

“Kai na tambaya?” Ta shaƙi ƙwaryar miyar. “Ni da na ci fara a hanyar Cadi har da ƙafafunta. Miƙo.”

Loma ta farko ta daɗe a bakinta. Ta rufe ido, hawaye ya gangaro ta gefen hancinta, ba ta share ba. Ta yi ta biyu, ta yi ta uku. Ni da Malam ko motsi ba ma yi, kamar masu tsoron kada tsuntsu ya tashi. Da ta ci kusan rabi sai ta ture ƙwaryar ta ce, “Ba ta kai ta gida ba. Amma daddawa ce. Tasu ta teku ce.” Sannan ta harare ni. “Gishiri ya yi yawa.”

Inna ta tashi. Ta ƙara shekaru masu yawa, ta goya 'ya'yana, tana nan kwance a maƙabartar Baƙi'a. Ni kuwa na koma wurin matar nan ta koya min da hannu, ba da baki ba. A tsince yashi da 'yan kifaye, a yayyafa ruwa, a cuɗa da gishiri, a shanya a kan soro har su sha iska, ana korar kyanwa da ƙuda. A daka su, a danna a tukunyar ƙasa, a ɗaure bakin da tsumma, a ajiye inda rana ke bugawa. Daga nan sai haƙuri. Ba a buɗewa a leƙa, ba a ƙirga mata kwana, hanci ne ke faɗa maka ta nuna. In ka yi gaggawa ka sami ruɓaɓɓen kifi kawai. In ta nuna a sake dakawa, a mulmula, a shanya. Inna ta ƙara nata a ciki, 'yar kanwa da citta da barkono, ta ce sai da su za ta ji Hausa. Haka ta zama tamu, ba ta Jawa ba, ba ta Kano ba. Malam yana kawo buhu daga Yanbu, matan unguwa suna zuwa koyo, sunan ya bi gida-gida. Har ya zama in yaro ɗan mitsitsi ne amma kukansa ya cika gida, sai a ce wannan ai daddawar teku ne. Babban ɗana shi aka fara yi wa laƙabin, don an haife shi kamar ɗan tsako, muryarsa kuwa har bakin hanya.

Ban san ranar da na daina yin ta ba. Abin a hankali ya tafi. Jirage suka yawaita, daddawar gida ta daina yankewa, ga ɗan dunƙulen miya na kanti. Malam ya bar tuƙi. Tsofaffin da suka san daɗinta suka bi juna. Da yara suka girma suka ce gidan Harra ya tsufa, suka ɗauko mu zuwa wannan bene. Soron nan a kulle yake, mabuɗin yana wurin mai gadi. Turmina na kawo shi, amma ranar da na fara daka mai gidan ƙasa ya aiko a ce silin ɗinsa yana rawa, sai ɗana ya kai turmin wani wuri, ban sake ganinsa ba. Ban yi musu ba. Na ɗauka abin da ya wuce ya wuce.

Sai ciwon Malam ya zo. Aka kai shi asibiti, aka dawo da shi, likita ya ce a ba shi duk abin da ransa ke so. Ransa kuwa ba ya son komai. Na ga yadda yake kau da kai daga cokali, na gane wannan juyin wuyan, na uwarsa ne sak. Wata safiya ina goge masa fuska sai ya ce, “'Yar Sudan.” Shi kaɗai ya rage mai kirana haka. “Da za a sami daddawar teku, da na ci tuwo.”

Na kira babban ɗana na gaya masa. Hausa yana ji, amma da Larabci yake amsawa. Ya ce, “Abshiri ya ummi,” wato in kwantar da raina, an gama. Bai daɗe ba ya dawo da kwali daga babban kanti, rubiyan manya-manya kamar ayaba, a daskare. Ya zaɓo wa ubansa mafi girma da ya gani. Fuskarsa cike da murna. Na ce, “Ɗan nan, ƙanana nake so, busassu, irin waɗanda kake sata a tabarma kana yaro.” Ya ce shi bai tuna ba. Shi da aka yi wa suna da ita. Ban ga laifinsa ba, yaron kirki ne, ko yanzu ba ya kwana bai leƙo ni ba. Ya sake fita ya zagaya shagunan Jawa na kusa da Harami, ya kawo irin tasu ta kamfani a cikin takarda mai ƙyalli. Na gasa, na kaɗa miya. Malam ya karɓi cokali ɗaya don kada in ji kunya, ya riƙe shi a baki, ya haɗiye da ƙyar.

“Sannu da ƙoƙari. Ba ta Inna ba ce.”

Aka yi waya Yanbu wurin ɗan wani tsohon abokin tuƙinsa, ya nemo ƙananan ya aiko da su a mota. Ranar da na kwance ƙullin nan, warin teku ya bugi fuskata, sai da na zauna. A nan na san wannan yarinya mai rubuta min, don ita kaɗai ce a benen nan aka ce tana da ɗan turmi. Ta kawo shi, muka ninka bargo muka ɗora shi a kai don kada na ƙasa su ji. Daka ba sauti, kamar masu aikata abin kunya. Na fara, ita ta ƙarasa. Shanya kuwa sai a baranda, inda rana ke leƙowa ta ɗan lokaci ta wuce bayan benen gabanmu. Matar ɗana, da ke kirana khala irin na Larabawa, ta ce, “Ya khala, maƙwabta za su yi magana,” ta kunna turaren wuta a bakin ƙofa. Na ce su yi. Na danna ta a tukunya, na ɗaure bakin da gefen tsohon rawanin Malam, na ajiye a kusurwar da ta fi samun rana.

Kowace safiya in na shigo da ruwan alwalarsa sai ya buɗe ido ya ce, “Ta nuna?”

“Saura kaɗan, Malam.”

“To. Kada ki buɗe ta. Inna za ta yi faɗa.”

Yana murmushi in ya faɗi haka. Ruwa kawai yake sha, sai ɗan madara in na matsa. Ina fita baranda in durƙusa in shaƙi bakin tukunyar, in ji ba ta yi ba. A soron Harra da tuni ta yi, can rana tun fitowarta har faɗuwarta a kanta take, ga zafin dutse daga ƙasa. Nan kuwa inuwa ce da iskar injin sanyi na maƙwabta. Na bi rana da tukunyar nan daga kusurwa zuwa kusurwa. Na lulluɓe ta da bargo. Na roƙi mai gadi mabuɗin soro, ya ce sai mai benen ya dawo daga tafiya. Sau da yawa hannuna ya kai kan ɗaurin, in ce ko ɗanya-ɗanya in ba shi, sai in tuna in ya ɗanɗana ya ji ba ita ba ce, ba zai sake tambaya ba, kuma tambayar nan ita ce ke tashinsa da safe. Daga baya muryarsa ta ƙanƙance, ba ya iya faɗin kalmar, sai dai ya ɗaga gira ya dubi wajen baranda. In girgiza kai. Ya lumshe ido.

Ya cika da rana tsaka, kansa a cinyata, da kalmar shahada a bakinsa, alhamdu lillahi. Aka yi masa salla a Harami, aka kai shi Baƙi'a inda uwarsa take. Maza suka tafi da shi, ni ina nan. Gida ya cika da masu gaisuwa, aka yi ta dafa shinkafa, na manta da tukunya sam. Sai da mutane suka watse, gidan ya koma shirunsa, wata safiya na buɗe ƙofar baranda don in sha iska, warin ya tare ni a bakin ƙofa. Ba sai na durƙusa ba.

Na kwance rawanin. Na daka, na mulmula, na gasa ɗan gutsure a kan murhu, na kaɗa kuka, na tuƙa tuwo mai laushi irin na mara lafiya. Ban san don wa nake yi ba, hannuna ne kawai ke tafiya. Ɗana ya ci loma ɗaya don girmamawa ya ce, “Ɗayyib, ya ummi,” wato da daɗi, ya nemi ruwa. Jikokina suka tsaya daga nesa suna dariya da hannu a hanci. 'Yar Katsina ta ci sosai ta ce da daɗi, Allah ya yi mata albarka, amma ita ba ta san wadda ake kwatantawa da ita ba. Sai na ɗebo na kai bakina.

Ita ce. Babu abin da ya rage, har ɗan ɗacin kanwar nan na ƙarshe. Da ta lalace da na sami abin rarrashin kaina, in ce gara da bai ɗanɗana ba. Ba ta lalace ba. Ta yi yadda ban taɓa yin irinta ba tun Inna na da rai, kuma duk duniyar nan babu sauran mutum ɗaya da zan miƙa wa ya ce min haka ne.

Allah ya jiƙan Inna, ya jiƙan matar Jawa da ban taɓa sanin sunanta ba, ya haskaka kabarin Malam, ya sa in tarar da su cikin rahama. Ranar dai na ɗauki ƙwaryar na shiga ɗakinsa. An naɗe katifar, an jingine ta da bango, sandarsa tana rataye inda ya bar ta. Na tsaya a inda nake tsayawa da ruwan alwala, na ce, “Malam, ta nuna.”